Iccen tutar Kanada da bedin ƙofar gidanmu: wa ke duba lafiyar abin da muka dasa?



Duk shekara idan watan goma ya kama, ƴan uwanmu da ke karatu ko aiki a Kanada sukan cika mana waya da hotunan wasu itatuwa masu ganye ja jawur, wasu ruwan ɗorawa, kamar an kunna ma titi wuta. Wannan icce shi ne masu Faransanci ke ce ma erabul, masu Ingilishi kuma mapul. Ganyenshi ne ke tsakiyar tutar Kanada tun 1965. Daga ruwan jikin wani irinshi ake dafa siro mai zaƙi, lita 40 na ruwan su ba da lita guda, kuma jahar Kebek ita kaɗai ke fidda kusan kashi 70 cikin ɗari na wanda duniya ke sha. A Japan ma akwai wani ƙaramin irinshi na ƙawa, momiji, wanda mutane ke yin tafiya takanas don kallon ganyenshi.

Duk wanda ya ga hoton, abin da ke zo mashi shi ne: ko za a samu iri in dasa a ƙofar gida? Amsa ita ce a'a, kada ka ɓata kuɗinka. Erabul icce ne na ƙasar sanyi, yana buƙatar watanni na sanyi mai tsanani ya yi barci kafin ya sake toho. Jan ganyen nan ma gajeruwar rana da sanyin dare ke kawo shi. Sanyinmu na watan ɗaya bai isa ba, zafin watan huɗu kuwa, da ke wuce digiri 40, zai soye ganyen tun iccen bai kai gwiwa ba.

Abin da ya kamata mu ɗauko daga can shi ne yadda ake kula da shi. Ra'ayinmu ke nan a yau, kuma za mu faɗe shi ba kwana-kwana: a ƙasar nan mun iya dashe, reno ne ya gagare mu. Iccen da ba wanda ke duba shi, ko a Monreyal yake ko a Tasawa, ranar da aka lura ba ya da lafiya an riga an makara.

Mu fara da abin da masu kula da erabul suka sani, don darasin yana cikin rarrabewa. Cututtukan iccen nan kashi uku ne: akwai wadda ke ɓata kyau kawai, akwai wadda mutum ne ya jawo ta, akwai kuma mai kisa.

Ta farko ita ce ɗigon gudron. Ganye ya fito da baƙaƙen tabo, sai ka rantse kwalta aka yayyafa mashi. Mai gida ya gani hankalinshi ya tashi, alhali wata funfuna ce da ba ta wuce ganye, ba ta kashe icce. Tana kwana cikin busasshen ganyen da ya zube, ta tashi da shi shekara mai zuwa. Maganinta tsintsiya: a share ganyen a kwashe shi daga gindin iccen. Haka ma ƙananan ƙwarin nan masu tsotsar ganye su bar danƙo mai zaƙi, irin darɓar da manomanmu suka sani ga wake da gujiya. Sau da yawa ruwa mai ƙarfi ko ruwan sabulu ya ishe su. In ka yi gaggawar fesa guba mai kashe komi, ka kashe har da ƙwarin da ke cin su, sai darɓar ta dawo ta fi da.

Kashi na biyu shi ne mafi yawa, kuma shi ya fi kama da namu. Bakin ganye ya bushe kamar an babbaka shi: ƙishirwa ce da iska mai zafi. Icce ya yi shekara goma lafiya lau sannan ya fara ramewa: in aka tona gindi sai a tarar tun ranar dashe an binne shi da zurfi, ko kuma saiwa ta naɗe cikin tukunyar reno, ta girma tana zagaye gindin har ta shaƙe shi. Ga gishirin da ake zuba ma tituna don narkar da ƙanƙara, wanda ke ƙone saiwa. Ga motoci da ƙafafun mutane da ke daddanne ƙasa har iska da ruwa su kasa shiga. Duk wannan ba ƙwaro a ciki. Ko kantin magani gaba ɗaya ka juye ma iccen, ba abin da zai canza.

Kashi na uku shi ne mai ban tsoro. Akwai wata funfuna da ke zaune cikin ƙasa, bertisiliyom, tana shiga ta saiwa ta toshe hanyoyin da ruwa ke bi ya hau sama. Sai ka ga ɓangare guda na icce ya yanƙwane, ɗayan yana nan kore. In aka fere reshen, akan ga zane-zane masu duhu ƙarƙashin ɓawo. Ba ta da magani, kuma tana iya yin shekara goma ko fiye cikin ƙasa tana jira. Abin da ake yi shi ne a yanke rassan da suka mutu, a wanke almakashi ko zarto kafin a taɓa wani icce, a ba shi ruwa yadda ya kamata, in ya mutu kuma kada a sake dasa erabul a ramin.

Sai kuma babban dodo, wani ƙwaro baƙi mai sheƙi da ɗigo-ɗigon fari, tsawonshi santimita 2 zuwa 3 da rabi, da ƙahonni biyu dogaye. Asalinshi Sin da Koriya. Bai zo da fasfo ba, cikin katakon palet da akwatunan kaya ya shiga jirgin ruwa. An fara ganinshi a Amurka a 1996, unguwar Buruklin ta birnin Niyok, sannan Cikago a 1998. Macen na ƙwaƙule ɓawo ta saka ƙwai, tsutsar ta nutsa can cikin zuciyar icce tana ci, inda feshi ba ya kai. In ta girma sai ta huda rami zagayayye ta fito, rami mai faɗin da biro zai shige. Alamarshi ke nan: ramuka, da garin katako a gindi ko a mahaɗar rassa. Kuma duk cikin itatuwa erabul ya fi so.

A 2003 aka gan shi a Toronto. Hukumar Kanada mai kula da lafiyar tsirrai ta yanke hukunci mai zafi: duk iccen da ya kamu a sare shi a niƙe, haka ma duk iccen da ƙwaron ke iya ci cikin mita 400 kewaye da shi, ko da lafiyarshi ƙalau. An hana fidda iccen wuta daga yankin. Itatuwa sama da dubu 28 suka tafi. A 2013 aka ce an gama da shi, cikin shekarar kuma aka sake ganinshi a Misisoga, kusa da filin jirgin sama, aka sake sara. Sai a 2020 aka tabbatar ya ƙare. Shekara 17 ke nan ana hawa itatuwa ɗaya bayan ɗaya ana neman ramin da bai wuce kaurin biro ba.

Labarin garin Wusta, a jahar Masacuset ta Amurka, shi ya fi dacewa mu saurara da kunne biyu. Guguwa ta rushe wani ɓangare na garin a 1953, da aka tashi sake dashe sai aka cika tituna da erabul, don yana saurin girma, yana jure wahalar birni, ga inuwa. Har ta kai kusan kashi 80 cikin ɗari na itatuwan bakin titi erabul ne. Da ƙwaron ya zo, ya tarar an shimfiɗa mashi tabarma. An gano shi a 2008, kuma wata mata mazauniyar garin ce ta gan shi a tsakar gidanta ta kai rahoto, bayan ya riga ya yi shekaru yana ɓarna ba wanda ya lura. An sare itatuwa sama da dubu 30. Unguwannin da ke cikin inuwa suka wayi gari fayau. Abin takaicin, garuruwa da yawa na Amurka sun rungumi erabul ne don maye gurbin wani icce guda da suka cika tituna da shi a da, wanda cuta ta share. Sun fita rami sun faɗa rami.

To jama'a, idan gemun ɗan uwanka ya kama da wuta, shafa ma naka ruwa. Ku fita ƙofar gida ku ƙirga. Cikin itatuwa goma na layinku, nawa ne bedi? Filin lakwal, harabar likita, tasha, bakin kasuwa, maƙabarta: bedi, dogon yaro, duk sunan da kuke kiranshi. Shi ma baƙo ne, daga Indiya da Bama aka kawo shi, kuma ya yi mana rana, ba mai musu. Shi ne ƙashin bayan koren ɗamarar da aka fara yi ma Yamai a 1965. Shi aka jera layi-layi a kwarin Majiya, wajen Buza, daga 1975, ya tare iskar da ke kwashe ƙasar gona. Muna son bedi. Saboda muna son shi ne muke cewa an ɗora mashi kaya fiye da ƙima.

Kuma an taɓa yi mana gargaɗi har sau biyu. A shekarun 1980 wani ɗan ƙwaro mai ɓawo, mai manne ma ganye da reshe yana tsotsa, ya auka ma bedi a kewayen tafkin Cadi: arewacin Kamaru, Cadi, Barno, da gabashin ƙasar nan. Itatuwa suka yi kamar an ƙone su. Sannan a ƙarshen 1990 aka fara lura da wata ramewar bedi a nan Nijar: tsohon ganye ya yi ɗorawa ya zube, reshe ya tsaya tsirara da ɗan tuntun ganye a can ƙarshe, har masana suka kwatanta shi da wuyan raƙumin dawa. Masu binciken da suka zo ba su kama wata ƙwayar cuta guda da za su ɗora ma laifin ba. Abin da suka fi nunawa shi ne wahala: ƙarancin ruwa a ƙasa, ƙasa mai tauri da aka daddanne, itatuwa a cunkushe. Ku duba da kyau, wannan shi ne kashi na biyu da muka lissafa ga erabul.

Yau fa me muke yi ma itatuwanmu na gari? Mai gareji ya juye baƙin mai a gindi. Mai shara ya tara leda ya kunna wuta jikin ɓawo. An kafa ƙusa an rataya allon talla, an ɗaure waya har ta nutse cikin naman icce. Mai sabon gini ya zuba siminti har wuyan gindi, bai bar ko tafin hannu da ruwa zai shiga ba. Maɗacin da aka jera bakin tsoffin tituna an feɗe mashi ɓawo don magani, wani har zagaye, alhali icce in aka zagaye ɓawonshi an yanke mashi hanyar abinci ke nan. Kauci ya hau reshe yana tsotsa shekara da shekaru, kowa na wucewa. In rassa sun kusa wayar lantarki, sai a zo da adda a gundule kan iccen gaba ɗaya, ya fito da tohon banza marar ƙarfi, wanda iskar farkon damina za ta karya bisa rumfar wani. Daga baya gara ta shiga ta raunin, sai mu ce gara ta kashe shi. Gara ta tarar da ƙofa a buɗe ne.

Mun san abin da wasu za su ce, kuma maganarsu tana da nauyi. Ana fama da tsadar hatsi, ana sayen ruwa bido-bido, wa ke da sukunin lallashin icce? Kanada masu kuɗi ne, su yi ta yi. Gaskiya ne ba mu da kuɗin hawa kowane icce da na'ura. Amma a garin da zafi ke kai digiri 44, inuwa ba kwalliya ba ce. Ƙarƙashin bedi mai shayi yake, da mai gyaran babur, da mai facin taya, da ƴan kabu-kabu, da mai tallar ƙosai, da ɗaliban da ajinsu na zana ne, da masu jiran maras lafiya a ƙofar likita. A sare iccen nan guda, a ga mutum nawa za su rasa wurin neman abinci. Sannan mafi yawan abin da icce ke buƙata ba da kuɗi ake saye ba. Ruwan alwala da na ɗaurayar hatsi, in ba omo ko jabel a ciki, ya isa ya raya dashe. A Wusta ma idon mai gida ne ya kama ƙwaron.

Wasu kuma za su ce ai mu ma muna dashe, ga ranar 3 ga watan takwas. Haka ne, tun 1975 ranar samun ƴancin kai ta zama ranar icce, kuma a nan Maradi aka yi babban taron ƙasa na yaƙi da hamada a 1984. Abin alfahari ne. Amma mun san yadda bikin ke ƙarewa a wurare da yawa. Manya su zo, a tona, a dasa, a zuba ruwa da sabon arozuwar, a ɗauki hoto, mu ma ƴan rediyo mu karanta adadi. Watan goma ruwa ya ɗauke. Watan biyu awaki sun yi kiwo. Watan takwas na gaba a dawo, wani lokaci ramin bara ake sake tonawa. Lambar da ake faɗa mana kullum ita ce nawa aka dasa. Lambar da muke so mu ji ita ce nawa suka ga damina ta uku.

Abin mamaki, manomanmu na karkara sun riga birni gane wannan. Sassaben zamani da ya fara bazuwa daga jahar Maradi a shekarun 1980 ba dashe ne ba ko kaɗan, reno ne tsantsa: ka zaɓi tohon kututture, ka rage rassa, ka kare shi, ka dawo ka duba. Da wannan aka maido itatuwa wajen miliyan 200 bisa hekta miliyan 5, har duniya na zuwa kallo. Dalili guda ne ya sa abin ya yi: kowane gawo yana da mai shi. Iccen bakin titi kuwa na kowa ne, shi ya sa ya zama na ba kowa.

Ga abin da muke kira a yi.

Ma'aikatun magajin gari su daina ba da dashe ba tare da suna ba. Kowane icce da aka dasa a rubuta wanda ya ɗauki renonshi: mai shago, mai gida, ajin lakwal, fada ta samari, kwamitin masallaci, ƙungiyar mata. Kuma kafin a dasa sabo ranar 3 ga watan takwas, a fara karanta ma jama'a sakamakon na bara da na bara waccan, unguwa-unguwa. Mu a rediyo a shirye muke mu karanta shi, da sunayen unguwannin da suka yi ƙoƙari.

A gauraya iri. Wani masanin itatuwa na Amurka, Frank Santamour, ya ba da ma'auni a 1990 wanda birane da yawa ke bi: kada iri guda ya wuce kashi 10 cikin ɗari na itatuwan gari. Ko ba mu kai nan ba, mu kama hanya. Muna da tsamiya, maɗaci, kanya, aduwa, kurna, magarya, marke, bagaruwa, ɗanya, kuka inda akwai fili. Wasu na jinkirin girma, shi ya sa masu gandun reno ba su cika tanadinsu ba, amma in masu saye suka tambaya za su shuka. Layin da ke da iri biyar, cuta guda ba ta mayar da shi fayau.

A dasa daidai tun ranar farko. Rami ya yi faɗi ninki biyu ko uku na ƙasar da ke cikin leda, amma kada ya fi ta zurfi: inda gindi ya fara buɗewa zuwa saiwa, nan ne daidai fuskar ƙasa. A cire ledar gaba ɗaya. In saiwa ta naɗe a warware ta. A yi ɗan gurbi kewaye, a rufe da kara ko busasshen ganye, amma kada ya taɓa jikin iccen, don gara. A kewaye da ƙaya ko bulo. Ruwa mai yawa sau biyu a mako ya fi ɗan yayyafi kullum, don shi ke sa saiwa ta nutsa, kuma a ci gaba har rani biyu ko uku. In za a yi aski, kada a cire fiye da kashi ɗaya cikin huɗu na rassa a shekara, a yanke dab da mahaɗa da zarto mai kaifi, ba sara da adda ba.

Kafin a sayi magani a fara dubawa. Juya ganye ka ga bayanshi. Duba gindi: akwai garin katako, akwai rami, akwai danƙo, akwai ƙasar gara? Ɓangare guda ne ya bushe ko duka? Icce guda ne ko layin gaba ɗaya? In layi ne gaba ɗaya, wannan ya wuce mai gida, a ɗauki hoto a kai ma ma'aikatan gandun daji ko na kare tsirrai. Muna da INRAN, muna da jami'ar Dan Dicko Dankoulodo a Maradi mai sashen noma da muhalli. Ɗalibansu na iya ƙirga itatuwan unguwanni su rubuta lafiyarsu, ya zame masu aikin ƙarshen karatu, ya zame ma gari rajista. Gubar da ake sayarwa a kasuwa cikin kwalba ba takarda, a fesa ta bisa iccen da yara ke wasa ƙarƙashinshi, haɗarinta ya fi na ƙwaron. Kuma ga wani abin da zai ba ku dariya: a Kanada akwai maganin da ake kira TreeAzin, da ake yi ma wasu itatuwan titi allura da shi don wani ƙwaro mai huda. Daga ƙwallon bedi ake haɗa shi, wannan dai da muke sharewa muna zubarwa kowace safiya.

Na ƙarshe, a sa ido ga abin da ke shigowa. Tsutsar masara da ta bayyana a Afirka ta Yamma a 2016 daga nahiyar Amurka ta zo, kuma kowane manomi ya ga aikinta. Dashen ƙawa da ake ɗaukowa daga ƙasashen gaɓar teku da ƙasarsu a gindi, da irin da ake oda ta intanet, hanya ce da baƙon ƙwaro ke iya bi. Wanda zai ƙawata sabon gidanshi, ya tambayi mai gandun reno inda dashen ya fito, ya duba ganye da saiwa kafin ya biya.

Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, kuma tun ciwo na ƙarami ake ganinshi. Cikin makon nan kowa ya je gindin iccen da ya fi zama ƙarƙashinshi, ya zare ƙusa, ya kwance waya, ya fasa simintin da ya shaƙe shi, ya duba rassa. Ku faɗa mana abin da kuka gani, da sunan unguwa da irin iccen, za mu tattara mu kai ma waɗanda abin ya shafa, kuma za mu karanta a shirinmu.

Allah Ya ba mu damina mai albarka, Ya bar mu da inuwarmu. Sai mun ji daga gare ku.